Saƙon da Ba Ka Isar wa Lawali Ba

Kaura Namoda, ranar Laraba.

Zuwa ga ɗana Nura,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ka, ina gaida kawunka Sanusi da iyalinsa da suka ba ka masauki. Na gode wa Allah da ya kai ka Kaduna lafiya, ya raba ka da abin da ke kan hanyar nan tamu. Allah ya ci gaba da tsare ka a zaune da a tsaye, a fili da a kan titi, ya haɗa ka da mutanen kirki a garin da ba ka san kowa ba.

Na san za ka ce Baba da tsohon yayi, ga waya kuma sai takarda. Wayar ce ban yarda da ita ba. Layin garin nan yau akwai gobe babu, kuma ko yana nan na san halinka: "To Baba, to Baba," har in gama, ba ɗaya da ta shiga. Takarda ba a katse ta. Ba labarin gida na zo ba ka ba, kowa lafiya. Magana ɗaya ce ta hana ni sukuni, kuma ita za ka ji.

Jiya da hantsi Koci Yakubu ya kira ni, mutumin da ya gan ku a gasar tanis ta matasa a Gusau ya gayyace ka sansanin horonsa. Ya ce ya nemi lambarka bai samu ba. Bayan gaisuwa sai ya ce, "Malam Bello, ashe an hana yaron nan zuwa? Wallahi na ji takaici. Ba za ka sa baki ba?"

Na ce wane yaro?

Ya ce, "Lawali mana, abokin wasan Nura. Su biyu na gayyata. Tunda shi ba shi da waya, na ba Nura saƙo su taho tare. Nura ya ce ya faɗa masa, mahaifiyarsa ta ce a'a."

Ban ƙaryata ka ba, ban kuma gaskata ka ba. Na ce, "Koci, ba ni lokaci in bincika." Ya ce gurbin yana nan har ranar Litinin da za a buɗe sansani, in Lawali bai zo ba zai ba wani yaro.

Babu abin da zan bincika. Inna Dije, mahaifiyar Lawali, ita ce za ta hana? Matar da 'yan bindiga suka koro daga ƙauyensu na wajen Zurmi da tabarma ɗaya da yara, wadda ke tsayawa bakin fili da ƙwaryar fura a kai tana kallon ɗanta yana buga abin da ba ta san dokarsa ba? Da ta ji wannan saƙo, ko a ƙasa sai ta rako shi Kaduna. Ba ta ji ba. Lawali bai ji ba. Kai ka karɓi saƙon ka haɗiye, ka shiga mota.

Tun jiya na kasa zama wuri ɗaya. Na je kasuwar hatsi ba da niyyar sayen komai ba, na dawo. Na ɗauko tsohon raket ɗina na fara ja masa igiya, na ajiye. Na fara wannan takarda na yaga, don ta farkon zagi ce zalla. Innarka ta ce, "Malam, mi ya same ka kake zarya kamar kaza mai neman wurin ƙwai?" Na ce mata ba komai. Ƙarya ta ja ƙarya ke nan, ka ga har ni ka jefa a ciki.

Na san dalili, ba sai ka faɗa ba. Tun damina Lawali ya fara cin ka. A Gusau, a wasan ƙarshe, gaban Koci da jama'a, ya cinye ka. Na ga fuskarka a mota muna dawowa. Ka lissafa cewa in kun je tare, shi za a gani, kai ka zama ɗan rakiya. Haushinka nake ji ƙwarai, amma ba zan ce ban gane ba. Na gane fiye da yadda kake tsammani, shi ya sa hankalina ya tashi.

Ka tuna tsofaffin hotunan nan masu motsi, baƙi da fari, da ka nuna mini a wayarka? Turawa da dogon farin wando da raket na katako, kai kana ta dariyar wandon. Na ce maka wata rana zan ba ka labarinsu, don na karanta shi a kwaleji, na kuma koyar da shi shekarun da nake malamin wasanni. To ranar ta zo.

Tsakanin yaƙin duniya na farko da na biyu suka yi zamani. A lokacin tanis wasan masu hali ne, ana yin sa don sha'awa da suna. Duk wanda ya yarda aka biya shi don ya buga, ya zubar da girmansa a idon shugabannin wasan. Manyan gasanni, har da waccan ta Ingila da ake yi a kan ciyawa, an rufe masa ƙofarsu. Sai wasu 'yan ƙalilan suka ce su dai sana'a za su mai da shi, a faɗi abin da za a faɗa. To a ina za su buga? Gasannin 'yan sana'a ba su da yawa, jefi-jefi ne a Amurka da Faransa da Ingila, ba za su riƙe mutum ba. Yawo ne ya riƙe su. Wani ɗan kasuwa zai haɗa gwanaye biyu ya sa su a jirgin ƙasa ko mota. Filin wasan kansa na tamfol ne, naɗe shi ake yi a loda a babbar mota. Yau a shimfiɗa a babban zauren wannan gari, a buga, a naɗe, gobe sai wani gari. Haka wata da watanni.

Ga wurin da nake so ka buɗe kunne. A duk wannan yawo, mutum ɗaya ne a hayin raga. Wanda ka buga da shi jiya shi ne na yau, shi ne na gobe. Ya san inda hannunka ke ciwo, ka san lokacin da numfashinsa ke ƙarewa. Zai kunyata ka gaban jama'a, gari ya waye ku shiga tarago ɗaya. Ban ce waliyyai ba ne, a cikinsu akwai waɗanda ba sa ga-maciji da juna. Amma kowannensu ya san abu ɗaya: in abokin karawarsa rago ne, 'yan kallo za su daina zuwa, yawon ya mutu, shi ma hannunsa ya mutu. Saboda haka wanda ya fi kowa zafi a cikin 'yan sha'awa, waɗanda ba a biyan su, ake lallasowa a kawo wa zakaran, ga shi ya san sarai baƙon nan na iya raba shi da tuwonsa. Haka suka rayu, kuma su suka share hanyar da kake son bi yau.

Ni na san wannan labari a ka, na ci jarrabawa da shi, na rubuta wa ɗalibai a allo. Da ya zo kaina sai na yi aikin jahili.

Ba ka san Garba Mai Tuta ba. Mutumin Shinkafi ne, ma'aikacin tashar jirgin ƙasa, shi ke ɗaga wa jirgi tuta lokacin da jirgi ke shigowa Kaura da kaya da mutane. Dandamalin simintin nan na bayan kwatas ɗin ma'aikata, inda ku ke wasa, ni da shi muka raya shi. A duk garin nan mu biyu ne kawai muka ɗauki tanis da gaske. Da farko ni ke cin sa, ina tafiya ina hura hanci. Sai Garba ya ƙirƙiro wani yankan bayan hannu, ƙwallo ta zo ƙasa-ƙasa ta zame a kan siminti ba ta tashi. Ni kuwa dogo, na ƙi jinin lanƙwasa gwiwa. Ya fara cin na yau, ya ci na gobe, har ya zama in na ci wasa ɗaya a mako sai in ji kamar Sallah.

Me na yi? Na fara uzuri. Yau ina duba takardun jarrabawa, gobe gwiwa, jibi an yi mana baƙi. Alhali filin makaranta nake zuwa in ja raga in tara ɗalibai in yi ta lallasa su, suna tafa mini. Garba zai zo ƙofar gida da la'asar, raket ɗaure a bayan keke, ya yi sallama. "Malam Bello, yau ma ba ka tahowa? Rana na hwaɗuwa." Kakarka, Allah ya jiƙanta, ta gaji da ce masa ba na nan.

Wata rana ya tare ni a bakin masallaci. Ba da faɗa ba, Garba bai iya faɗa ba. Ya ce, "Malam, in kayen da nike maka ne, ka hwaɗi, sai in rage hannu. Ni dai wasan nika so." Da ya zage ni da ya fi mini sauƙi. Na ce masa, "Kai wa? Ka je ka ji da tutarka." Ya dube ni, ya ce Allah ya ba da haƙuri, ya hau kekensa. Bai sake zuwa ba.

A shekarar aka zaɓe ni gasar malamai a Sakkwato, lokacin can ne babban birninmu. Na tafi da sabon takalmi da alkawarin kofi. A zagayen farko aka haɗa ni da wani siririn malami daga Zuru. Nura, ban ga ƙwallo ba. Duk bugun da ya yi mini irin na Garba ne, ƙasa-ƙasa, mai zamewa. Abin da da na tsaya na sha kaye a gida na koyi maganinsa, shi na je na sha gaban baƙi. Kafin azahar na gama, ina zaune a tasha ina jiran motar komawa.

Na dawo da niyyar in nemi Garba, girman kai ya ce bari sai gobe. Ana cikin gobe-gobe zirga-zirgar jirgi ta ja baya, aka sallami wasu ma'aikata, Garba ya kwashe iyalinsa ya koma Shinkafi. Filin ya zama wurin shanyar barkono da kuɓewa, awaki suka cinye ragar. Tanis ba a yin sa mutum ɗaya. Shekara da shekaru bangon sito nake bugawa, shi kuwa bango ba ya koya maka komai, abin da ka ba shi yake maido maka. Ban sake jin ƙwallo mai rai ba sai da kai da Lawali kuka tasa. Na taɓa haɗuwa da Garba a kasuwar Shinkafi yana sayar da albasa, gemu ya yi fari. Ya tashi ya rungume ni, ya tambayi kowa da kowa, ya cika mini buhu ya ƙi karɓar komai. Maganar tanis ko da wasa bai ɗauko ba, ni ma na kasa.

Don haka ga shawarata ta fari, kuma ita ce uwar sauran. Wanda ke cin ka, kada ka guje shi, ka neme shi. In ka shiga sansanin nan ka duba wanda ya fi ba ka wahala, ka manne masa, ka sha kaye har ka gane inda yake shigowa. Wanda kake ci kullum daɗin baki kawai yake ba ka. Kai ma ba sai ka nema ba, Allah ya ba ka naka tun kuna yara, ka baro shi yana dakon buhuna a kasuwar hatsi.

Akwai wata wautar kuma, tunda na buɗe bakin jaka. Bayan Sakkwato wani tsohon malaminmu ya samo mini aiki a wani kulob a nan Kaduna inda kake, in riƙa koya wa manya da iyalansu tanis. Na ƙi. Na ce ni da takardar malanta zan tsaya ina jefa wa masu tumbi ƙwallo suna kirana da tafi? Na manta cewa 'yan sana'ar farko da nake ba ka labari, da yawansu haka suka fara, masu koyarwa ne a kulob, ana yi musu kallon ma'aikata, ba a zama cin abinci da su. Amma raket na hannunsu safe da yamma, shi ya sa hannun ya faɗa. Ni da na tsare girmana, ga ni nan. In Koci ya ce ka share fili, share. In ya ce ka ja wa raket igiya, ko ka tsaya ka buga da wani Alhaji da ba ya iya gudu, yi da fara'a. Sana'a ka je nema, ba sarauta ba. Ka kula da sallarka a kan lokaci, ka kula da abin da kake ci, kada ka karɓi ƙwaya a hannun kowa da sunan ƙarin ƙarfi. Waɗannan ka sha jin su a bakin innarka, ba zan tsaya a kansu ba, hankalina ba a nan yake ba.

Na sake tashi na leƙa waje na dawo. Bari in faɗi abin da ya fi ci mini rai.

A filinmu ba mu da alƙali. Kowa shi ke faɗin layin ɓangarensa, in ƙwallo ta faɗi ciki ya ce ciki, in waje ya ce waje, abokinsa ya yarda don daga can ba ya gani. Haka na koya muku. Kuma ban taɓa kama ka da cin amanar layi ba, ko sau ɗaya. A Gusau ma, a wasan da ka sha kaye, akwai ƙwallon da alƙali ya ce ta fita, kai ka ɗaga hannu ka ce ta taɓa layi, aka ba Lawali. Na ji mutumin da ke kusa da ni yana tambaya ɗan wane ne wannan, na ce nawa ne, da ƙarfi na faɗa. Ina kyautata zaton abin da Koci ya gani ke nan ya ce ku zo ku biyu. To saƙon nan ma a ɓangarenka ya faɗi, ba mai gani sai kai da Allah. Yaya aka yi yaron da ya ƙi cin maki ɗaya na haram ya iya wannan? Tambayar da ke ta yawo da ni ke nan tun jiya.

Ba zan yaudare ka ba. Yana yiwuwa in Lawali ya zo ya sha gabanka. Yana yiwuwa in an tashi zaɓen wanda za a kai gasar waje shi za a ɗauka, kai ka raka shi tasha. Zai yi ciwo, na san irin ciwon. Amma rabonka ba ya hannun Lawali, nasa ma ba ya hannunka, abin da kawai ka iya shi ne ka jinkirta masa ka ɗauki zunubi. Kuma 'yan Legas da 'yan Jos da za ka tarar ba za su rage maka hannu ba. Ranar da suka yi maka abin da malamin Zuru ya yi mini, wa zai faɗa maka gaskiyar inda ka kuskure, da harshen garinku, ba tare da yana neman kujerarka a ɓoye ba?

Jiya da la'asar ƙafata ta kai ni filin, ban shirya ba. Na tarar da Lawali ya taso daga kasuwa, ƙaiƙayi a kansa, ya share simintin tas kamar mai jiran wani, yana buga wa bangon sito. Da ya gan ni ya rugo ya durƙusa.

Ya ce, "Baba Malam, Nura ya sauka lahiya?"

Na ce lafiya lau.

Ya ce, "Alhamdu lillahi. Don Allah in kun yi waya ka ce mishi ya riƙa lanƙwasa gwiwa in an yanko mishi ta hagu. Nan nike cin shi. 'Yan birni za su gane wurin da wuri, kada su wahal da shi."

Ka ji. Makamin da yake cin ka da shi ya ba ni in aiko maka, kyauta. Na ce to, zan faɗa. Na juya da sauri kamar ana kirana, don ban so ya ga idona. Ga shi na isar da nasa saƙon, ban rage ko kalma ba.

Yanzu ga yadda za a yi. Mamman direba zai miƙa maka wannan takarda gobe Alhamis. Ranar Juma'a bayan an sauko, zan kira Lawali ya zo gida. Ka bugo wayata. Zan miƙa masa in fita waje, abin da za ka ce tsakaninku ne, ba na son ji. Ka faɗa masa Koci na kiransa, ka faɗa masa tun yaushe, kada ka yi wa maganar kwalliya. Sannan ka je wurin Koci da ƙafarka ka gyara abin da ka ce a kan Inna Dije, don ƙarya ka yi wa baiwar Allah. Mamman zai sake tashi zuwa Kaduna ranar Lahadi, na riga na ce ya bar kujera ɗaya.

In Juma'a ta wuce ba ka kira ba, ni zan faɗa masa, in kuma kira Koci. Wannan ba barazana ba ce, hakkin yaro ne, ba zan zauna a kansa ba don kai ɗana ne. Lawali zai zo Kaduna ko ta bakinka ko ta bakina. Abin da ya rage a hannunka shi ne wanda zai tarar in ya sauka daga mota: abokinsa da ya yi kuskure ya gyara, ko mutumin da zai riƙa gaisarwa da ladabi har ƙarshen rayuwa ba tare da ya sake yarda da shi ba. Na biyun nan na ɗanɗana shi, ba na so maka.

Ina son ka, Nura, ban saba faɗa ba amma yau na faɗa. Don haka ne na kasa zama.

Innarka na gaishe ka, ƙannenka na gaishe ka. Ka gaida kawunka, ka yi masa biyayya. Allah ya tsare ka daga sharrin hanya da sharrin mutane, ya tsare ka daga abin da zuciya ke raya wa mutum in tsoro ya kama shi. Allah ya sa albarka a hannunka da ƙafarka, ya ba ka halal ɗinka a wannan sana'a. Allah ya tsare motar Lahadi da wanda zai zauna a kujerar nan, ya sa kai ne za ka tarbe shi a tasha. Amin.

Zan sa wayata caji tun daren Alhamis, kuma ba zan ba kowa aro ba.

Wassalam.

Mahaifinka,
Bello